Mary-Jane da Nana A'isha: Me Ke Cikin Suna Mai Karan Ɗori?



Cikin ayyukan da ƙungiya ta ɗora wa sakatariya akwai rubuta sunan duk jaririn da aka haifa wa ɗan ƙungiya, saboda gudunmawar suna da kuma lissafin iyali. Duk wanda ya daɗe yana riƙe da irin wannan littafi zai ga sunaye suna sauyawa kamar yadda ɗinkin kaya ke sauyawa. Shafukan farko cike suke da Hadiza da Rabi da Sani da Garba. Daga baya Amira da Hanan da Afnan da Sultan suka shigo. Yanzu kuma wani sabon abu ya fara leƙowa: uba matashi zai faɗi sunaye biyu, sannan ya ce, "Sakatare, a sa ɗan layi a tsakani." Wasu ma rabin sunan na Larabci ne, rabin na Turanci.

Maganar ta kai ga zaman ƙungiya fiye da sau ɗaya. Dattawa na ganin kwaikwayon Turawa ne tsagwaronsa, matasa na ganin ado ne da ba ya cutar da kowa. Mun lura kowane ɓangare yana magana ne ba tare da an tsaya an duba abin da sunayen ke nufi ba. Shi ya sa muka ga ya dace mu ɗauki suna ɗaya da kowa ya sani, mu warware shi a nan.

Shi wannan ɗan layi, a ƙa'idar rubutun Hausa karan ɗori ake ce masa. Shi ne muke sawa a dafa-duka da faɗi-tashi. Aikinsa ya ɗaure kalmomi biyu su zama abu ɗaya. Idan Bature ya rubuta Mary Jane ba layi, ana iya ɗauka Mary ce sunan yarinyar, Jane kuma suna na biyu da ba lallai a kira ba. Idan ya rubuta Mary-Jane, to yana cewa ne kada a raba, a kira su tare, domin suna ɗaya ne.

Mary-Jane ba baƙuwa ba ce a wurinmu. 'Ya'yanmu suna aji ɗaya da ita, matanmu suna sayen kaya a shagonta, musamman cikin maƙwabtanmu Ibo mabiya ɗariƙar Katolika. Rabin farko na sunan, wato Mary, shi ne Maryam ɗinmu. Asalinsa Miryam ne a harshen Ibrananci, ya bi ta Girkanci da Latin kafin ya isa Ingila. Masana sun yi saɓani kan ainihin ma'anarsa, wasu sun ce abar ƙauna, wasu sun danganta shi da ɗaci. Amma babu mai raɗa wa 'yarsa wannan suna don ma'anar kalmar. Saboda mai sunan ake sa shi, wato mahaifiyar Annabi Isa, wadda sura guda ta Alƙur'ani ke ɗauke da sunanta.

Rabi na biyu, Jane, siffar mace ce ta sunan John. Shi kuwa John daga Yohanan ya fito, ma'anarsa Allah ya yi alheri, kuma shi ne sunan da Kiristoci ke kiran Annabi Yahaya da shi. Sunan ya bi ta tsohon Faransanci a matsayin Jehanne kafin Ingilawa su taƙaita shi. Abin da ya fi ba mu mamaki shi ne, saiwar kalmar da ke cikin Yohanan 'yar uwa ce ga kalmar Larabci hanan, mai nufin tausayi da jinƙai, domin Larabci da Ibrananci dangin juna ne. Ke nan uban da ya sa wa 'yarsa Hanan da maƙwabcinsa da ya sa wa tasa Jane, daga rijiya ɗaya suka ɗebo, ko da ba su sani ba.

Ƙanwar wannan suna ita ce Mary-Ann, wadda Faransawa ke juyawa su ce Anne-Marie. Ann ita ce Hannah, wadda mu muke kira Hannatu. A al'adar Kiristoci sunan mahaifiyar Maryam ke nan. Alƙur'ani ya ambace ta a matsayin matar Imrana, malaman tafsiri kuma suka ce sunanta Hanna. Saboda haka Mary-Ann 'ya ce da uwarta a cikin suna ɗaya.

A Ingila ta yau kuwa salon ya ɗan sauya. Hukumar ƙididdiga ta can tana fitar da jerin sunayen jarirai na Ingila da Wales duk shekara, kuma a ciki ana ganin irin su Amelia-Rose da Lily-Mae da Ella-Grace ga mata, Tommy-Lee da Alfie-James ga maza. Galibi rabi na biyu gajere ne, ana faɗinsa da numfashi ɗaya. Rose shi ne furen da Larabawa ke kira warda. Lily wani farin fure ne mai ƙamshi da Turawa suka ɗauka alamar tsarki, takwaransa a Larabci shi ne Sausan. Grace na nufin alheri ko ni'ima. James kuma, duk da bai yi kama ba, Yakubu ne ya sha hanya har ya sauya kamanni. 'Yar fim ɗin nan Lily-Rose Depp, wadda aka haifa a Faransa a 1999, da a Larabce aka raɗa mata suna da Sausan Warda za a ce.

To me ke jan hankalin iyaye ga irin wannan suna? Dalili na farko, kuma mafi ƙarfi, shi ne yana ɗaukar mutum biyu. Jariri ɗaya ne, kakanni mata biyu ne, kowace tana sa rai. Karan ɗori yana raba gardama, ba wadda za ta ce an mayar da ita baya. Fitaccen misali ya faru a 1978, lokacin da sabon Fafaroma ya zaɓi sunan John Paul don girmama magabatansa biyu, John na 23 da Paul na 6. Shi ne Fafaroma na farko mai suna biyu. Kwana 33 kawai ya yi a kan kujera, wanda ya gaje shi ya ɗauki sunan, ya zama John Paul na 2. Wannan na biyun ya ziyarci Najeriya a 1982 da 1998, kuma duk wanda ke zaune a kudu ya san yawan masu suna Johnpaul da yake haɗuwa da su a kasuwa da tasha.

Dalili na biyu shi ne bambancewa. A ƙasashen Katolika an daɗe ana sa wa mata Mary ko Marie, maza kuma John ko Jean, har ta kai gida ɗaya ana iya samun uku. Ƙara suna na biyu shi ya raba su. Daga nan Faransawa suka samu Jean-Pierre da Jean-Paul da Marie-Claire, sunayen da 'yan kasuwarmu masu zuwa Kwatano da Duwala suka saba ji. Dalili na uku daɗin faɗi ne, dogon suna a gaba, gajere a baya, yana sauka a kunne kamar kiɗa. Na huɗu kuwa, kada mu ɓoye wa kanmu, fim ne da waya. Yaro ya ga Mary Jane a fim ɗin Spider-Man, uwa ta ga wani suna a Instagram an rubuta shi da ado a jikin kek, sai ya kwanta mata a rai.

Idan muka ajiye na huɗun a gefe, babu ɗaya daga cikin waɗannan dalilai da Bahaushe bai riga ya sani ba. Gidan da aka sa wa maza biyar Muhammadu, da me ake raba su? Da Sani da Salisu da Rabi'u da Hamisu, wato na biyu da na uku da na huɗu da na biyar. Ga Abubakar Sadiƙ da Umar Faruƙ da Aliyu Haidar da Ibrahim Khalil. Ga Fatima Zahra da Khadija Kubra da A'isha Humaira. Ga Nana da muke ɗorawa a gaban suna don girmamawa, kamar Nana Asma'u 'yar Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, wadda ta rayu daga 1793 zuwa 1864. Ga sunayen gargajiya da kansu kalmomi biyu ne aka ɗaure, irin su Ɗanjuma da Ɗanlami da Tasalla da Maikuɗi. Sannan ga alkunya, inda aka sa wa yaro sunan kakansa, uwa ba za ta iya faɗa ba, sai ya tashi da Abba ko Baffa ko Khalifa, yarinya ta tashi da Ummi ko Walida. Kusan kowane ɗan Bahaushe da suna biyu yake girma. Layin ne kawai ba mu saba rubutawa ba.

Akwai abin da ya faru a cikinmu da ya sa muka ƙara fahimtar haka. Wani ɗan ƙungiya ya auri yarinya 'yar kudu da ta musulunta. Allah ya ba su 'ya mace, matar ta roƙi a sa mata sunan mahaifiyarta, wadda ita ce ta tsaya musu lokacin da dangi suka ƙi auren. Sunan tsohuwar Mary-Ann. Da labari ya isa ga baffan mijin, sai ya ce shi ba zai zauna a wurin da za a raɗa wa jikarsa sunan coci ba. Ita kuma maijego ta daina cin abinci, tana ganin an ƙi jininta. Saura kwana biyu suna, ga rago a ɗaure, gida ya rabu biyu.

Muka raka mijin wurin liman. Liman ya saurara har ƙarshe, sannan ya juya ga baffan ya ce, "Alhaji, da Maryam za a sa, kana da ja?" Ya ce, "Haba Malam, wa zai ja da Maryam?" Ya ce, "To Hannatu fa?" Ya ce, "Ai sunan yayata ke nan." Liman ya ce, "To su biyun ne surukarku take ɗauke da su shekara da shekaru, da harshen mutanenta." Baffan ya yi shiru, ya jima yana jan carbi, sannan ya ce a yi abin da Malam ya gani. Ranar suna aka raɗa Maryam Hannatu. Yau kakarta ta wajen uwa tana kiranta Mary-Ann, dangin uba suna ce mata Mairo, ita kuma duk wanda ya kira tana amsawa.

Ba mu kawo wannan don mu ce kowane sunan Turanci yana da takwara a wurinmu ba. Da yawa ba su da shi, kuma a nan ne dattawa suke da gaskiya. Suna linzami ne, ba a sa wa yaro abin da ba a san inda zai ja shi ba. Akwai sunayen da ma'anarsu aƙida ce kai tsaye, kamar Christopher, wanda ke nufin mai ɗauke da Almasihu. Ga mai wannan addini suna ne mai daraja, amma Musulmin da ya ɗora shi a bayan sunan ɗansa don daɗin faɗi bai san abin da ya rubuta ba. Akwai waɗanda asalinsu ba abin so ba ne. Masana sunaye suna danganta Cecilia da kalmar Latin mai nufin makaho, Claudia kuma da mai nufin gurgu. Tommy daga Thomas ya fito, ma'anarsa ɗan tagwaye, kamar ka sa wa yaron da ya zo shi kaɗai Husaini.

Ita kanta Mary-Jane ba ta tsira ba. A Amurka akwai takalmin 'yan mata mai maɗauri ɗaya a kan ƙafa, irin wanda makarantu da yawa ke sa ɗalibai su saya, Mary Jane ake ce masa. Ya samo sunan daga wata yarinya a cikin zanen barkwanci na jarida mai suna Buster Brown, wanda aka fara bugawa a 1902. Wannan da sauƙi. Mai nauyin shi ne, a bakin 'yan tasha na Amurka Mary Jane laƙabin tabar wiwi ne, saboda sun ɗauki kalmar marijuana kamar sunan mace ne, Maria Juana. Suna mai ɗauke da Maryam da alherin Allah, ga inda bakin mutane ya kai shi. Wanda ya ari suna daga harshen da ba nasa ba yakan ji daɗin sautin, amma irin wannan inuwa da ke bin sunan ba ya ganinta sai yaro ya girma an fara yi masa dariya. A namu harshen kuwa mun san kowane suna da abin da ake tsokanar mai shi da shi. Addini ma ya kula da wannan. Suna mai kyau haƙƙin ɗa ne a kan mahaifinsa, kuma ya tabbata Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, ya sauya wa wasu sahabbai suna, kamar Barra da ta koma Zainab.

Sai batun takarda, wanda shi ne ya fi kawo mutane ofishinmu da gumi. Yawancin fom gurbi uku ne da shi: sunan farko, na tsakiya, da na mahaifi ko na dangi. Suna mai karan ɗori yana iya shiga ta hanya huɗu. Wani zai rubuta da layi, wani ya haɗe su wuri ɗaya, wani ya bar fili a tsakani, wani ya tura rabi na biyu gurbin tsakiya. A idon mutum duk suna ɗaya ne. A wurin kwamfuta mutum huɗu ne daban. A da ana iya wucewa da haka, yanzu kuwa an ɗaure takardu da juna. Lambar BVN ta banki ta fara aiki a 2014, an fara haɗa layin waya da lambar NIN a ƙarshen 2020, kuma tun 2021 ɗalibi ba ya yin rajistar JAMB sai da NIN. Idan sunan da ke takardar haihuwa ya saɓa da na makaranta, na makaranta ya saɓa da na katin ɗan ƙasa, sai a shiga rantsuwa a kotu da sanarwa a jarida da kuɗin mota. Mun ga yarinyar da ta kusa rasa gurbin karatu saboda a takarda ɗaya mahaifinta ya rubuta sunanta da layi, a wata kuma yayanta ya haɗe.

Ko fasfo ma ba ya ɗaukar layin yadda yake. Ku duba layuka biyu da ke ƙasan shafin hoto, waɗanda na'ura ke karantawa. Bisa ƙa'idar ƙasa da ƙasa, a wurin ana mayar da karan ɗori wata alama mai kama da kan kibiya, ɗan waƙafin sama na A'isha da Mu'azu kuma ana jefar da shi gaba ɗaya. Adon da aka yi wa suna ba ya tsallake filin jirgi.

Mu Musulmi muna da ƙarin abin lura a nan. Idan aka yanke Mary-Jane a tsakiya, Mary ta rage, kuma suna ne cikakke. Amma idan aka rubuta Abdul-Aziz ko Abdul-Rahman da layi, ma'aikaci ya raba su gurbi biyu, sai yaro ya koma Abdul, wato "bawan", ba a faɗi na wa ba. Wani lokaci ma abokan makaranta su riƙe rabi na biyu su dinga kiransa Rahman, sunan da malamai suka ce na Allah ne shi kaɗai. Haka Ummu-Kulsum take komawa Ummu. Irin waɗannan sunaye gara a haɗe su wuri ɗaya, Abdulaziz, Abdurrahman, Ummukulsum, domin abin da aka haɗe ba a samun inda za a yanka.

Shawararmu ga masu jiran haihuwa ba ta da yawa. Kafin ranar suna a zauna da wanda ya san harshen da sunan ya fito, a tambayi ma'anar kowane rabi da kuma abin da mutanen wurin ke nufi idan sun faɗe shi. Bincike a waya shi kaɗai ba ya isa, domin shafuka da yawa kowane suna sai su ce yana nufin kyakkyawa ko gimbiya. A gwada kiran sunan da bakin kaka ta ƙauye, in ya gagare ta, to a san da wani sunan za ta kira jikarta. Sannan tun ran gini tun ran zane: uba da uwa su amince da rubutu ɗaya, harafi bayan harafi, a kai shi Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa a karɓi takardar haihuwa da wuri. Daga ranar, duk fom ɗin da za a cike, na asibiti ne ko na Islamiyya ko na boko, a kwafa daga wannan takarda. Kada a bar wa yaya ko malamin aji ya rubuta da ka.

Wanda ya ga suna biyu ya burge shi saboda yana son ya girmama mahaifiyarsa da surukarsa a lokaci ɗaya, niyyarsa mai kyau ce, kuma ba sai ya je Ingila aro ba. Wanda kuma ya ji sunan 'yar maƙwabcinsa Mary-Ann ya yamutsa fuska, ya tuna Maryam ce da Hannatu suke gaishe shi kullum da safe. Muna zaune cikin mutane, 'ya'yanmu suna tashi da nasu, sanin ma'anar sunan juna yana rage zargi.

Muna so mu ji daga gare ku, musamman iyaye mata: wane suna biyu ne a gidanku, kuma wa aka girmama da shi? Allah ya raya mana zuri'a, ya sa su amsa sunayensu da alheri.

Daga Sakatariyar Ƙungiya.